Kofin Michigan na 2023: an same su da laifi, an ci su tara, to me ya hana a ƙwace kofin?

Ranar 15 ga Agustan 2025 hukumar NCAA, wadda ke kula da wasannin jami'o'i a Amurka, ta yanke wa Jami'ar Michigan hukunci bayan an kwashe kusan shekara 2 ana bincike. Ta ce tabbas an karya doka, kuma ba sau ɗaya ba, kaka 3 aka yi ana leƙen asirin abokan karawa. Ta ci jami'ar tarar da aka ƙiyasta za ta haura dala miliyan 20, ta ƙaƙaba wa tsohon kocinsu Jim Harbaugh takunkumin shekara 10. Amma kofin ƙasa na ƙwallon Amurka da suka ɗauka a kakar 2023 yana nan daram a hannunsu, ko wasa ɗaya ba a goge musu ba.

Nan ne fa kan mutane ya ɗaure, musamman wanda ya saba da ƙwallon Turai. Ai kowa ya san abin da ya faru da Juventus a 2006, aka ƙwace mata kofi 2 na Serie A aka kuma jefa ta Serie B. To ya za a ce an tabbatar da maguɗi amma a bar mutum da kofi? Amsar ba a wuri ɗaya take ba, sai an fahimci wasan kansa, da dokar da aka karya, da kuma wanda ma yake da ikon ba da kofin tun farko.

Wane irin wasa ne ma tukuna

Wannan ba ƙwallon ƙafa ba ce irin wadda muka sani, ƙwallon Amurka ce, wadda ake sa hular kwano ana ɗaukar ƙwallo a hannu ana ture-ture, ta fi kama da zari-ruga. Kowane ɓangare mutum 11 ne a fili. Masu riƙe da ƙwallo suna da dama 4 su ci yadi 10, in sun ci a sake ba su wasu 4, haka har su kai ƙarshen fili su samu maki 6. Abin lura shi ne wasan tsayawa yake yi bayan kowane yunƙuri, a sake jeruwa, kuma daƙiƙa 40 kawai ake da ita kafin a sake tashi. A cikin wannan ɗan lokacin ne koci zai zaɓi dabarar da za a yi, ko a ruga da ƙwallon ta dama, ko a jefa ta nesa, ko a yi kamar za a ruga sai a jefa. Kenan in abokin karawa ya san abin da aka zaɓa kafin a tashi, an gama da rabin aikin.

Kuma kar kalmar jami'a ta sa a ɗauka wasan yara ne na bayan aji. Filin Michigan da ke garin Ann Arbor yana cin mutum 107,601, ya fi Wembley, ya fi Bernabeu, kuma cika yake yi duk Asabar ɗin da suke wasa a gida. Manyan kociyoyi albashinsu miliyoyin daloli ne a shekara, gidajen talabijin kuma biliyoyi suke zubawa. 'Yan wasan dai ɗalibai ne, kuma daga nan ake ɗibar waɗanda za su tafi babban lig na ƙwararru wato NFL.

Alamun da ake ta rigima a kansu

A NFL tun 1994 koci yana magana da mai jefa ƙwallo kai tsaye ta rediyon da ke cikin hularsa. A jami'o'i ba a yarda da wannan ba har zuwa 2024, saboda haka da ishara ake aika saƙo. In ka kalli gefen fili a wasannin wancan lokacin za ka ga mutum 3 ko 4 a tsaye cikin riguna masu launi daban-daban, wannan ja wancan kore, kowa yana ta taɓa hanci, yana shafa ƙirji, yana kaɗa hannu, wani kuma a bayansu ya ɗaga allo mai hotuna, ƙila hoton dabba ko tambarin wani kamfani. Mutum ɗaya ne a cikinsu saƙonsa na gaske ne, sauran duk ɓad-da-bami suke yi, 'yan wasa ne kaɗai suka san wanda za su kalla.

To ga inda da yawa suke kuskure. Satar alama ita kanta ba laifi ba ce a dokar NCAA. In kana tsaye a naka gefen ana cikin wasa ka gane ma'anar isharar abokin karawa, kaifin basirarka ne. In ka zauna ka yi nazarin hoton talabijin ka gano wani abu, shi ma ba komai. Kusan kowace babbar ƙungiya tana da wanda aikinsa kenan. Abin da aka hana shi ne ka tura mutum ƙafa da ƙafa ya je filin da wata ƙungiya da za ku haɗu nan gaba a kakar take wasa don ya leƙo ta, sannan an hana ɗaukar alamun abokin karawa da na'ura. Ita dokar hana zuwa leƙen a 1994 aka kafa ta, kuma dalilin farko ba wai gudun maguɗi ba ne, rage kashe kuɗi ne, don kar masu hannu da shuni su riƙa baza 'yan leƙe ko'ina alhali ƙananan makarantu ba su da kuɗin jirgi.

Bambancin yana da girma a aikace. Kyamarar talabijin ƙwallo take bi, jefi-jefi take nuna masu ishara. Amma wanda ya sayi tikiti daidai tsakiyar fili yana fuskantar bencin ƙungiya, ya saita wayarsa a kansu daga farkon wasa har ƙarshe, ya samo kowace alama ɗaya bayan ɗaya, sai a koma gida a haɗa da bidiyon wasan a ga wace alama ce ta haifi wace dabara.

Yadda kakar ta kaya

Kafin 2021 Michigan tana cikin wani hali. Babbar abokiyar hamayyarta Ohio State ta doke ta sau 8 a jere daga 2012 zuwa 2019, 5 daga ciki lokacin da Harbaugh yake kocin Michigan, sannan a kakar korona ta 2020 wasa 2 kawai suka ci cikin 6. Sai abubuwa suka juya. A 2021 suka doke Ohio State 42-27, a 2022 suka je har gidanta a Columbus suka yi mata 45-23, duk shekarun biyu suka lashe rukuninsu na Big Ten amma aka fitar da su a wasan kusa da na ƙarshe na kofin ƙasa, Georgia ta fara, TCU ta biyo baya da 51-45.

Kakar 2023 ta fara ne babu Harbaugh a gefen fili, jami'ar da kanta ta dakatar da shi wasa 3 kan wani laifi daban, na ganawa da yaran da ake zawarci a lokacin da aka hana hakan saboda korona. Sun ci wasa 7 a jere kafin labarin leƙen asirin ya fashe a tsakiyar Oktoba. Ranar 20 ga Oktoba aka dakatar da ma'aikacin da ake zargi, Connor Stalions, washegari suka lallasa Michigan State 49-0. Ranar 10 ga Nuwamba, ƙungiyar tana cikin jirgi za ta Penn State, shugaban Big Ten Tony Petitti ya sanar da hana Harbaugh shiga fili a sauran wasanni 3 na kakar, duk da cewa an bar shi ya ci gaba da horar da su a ranakun mako. Jami'ar ta garzaya kotu, daga baya ta janye ta karɓi hukuncin.

Wasan Penn State ɗin ya cancanci a tsaya a kansa. Mataimakin Harbaugh, Sherrone Moore, shi ya riƙe ƙungiyar, kuma daga wani lokaci a wasan sai ya daina jefa ƙwallo gaba ɗaya, sau 32 a jere suna rugawa da ita a hannu, kowa a filin ya san abin da za su yi amma aka kasa tare su, aka tashi 24-15. Da aka miƙa wa Moore makirufo bayan wasa kuka ya fashe da shi yana ambaton sunan maigidansa. Mako na gaba suka ci Maryland 31-24, nasara ta 1,000 a tarihin makarantar, sannan Ohio State 30-24.

Harbaugh ya dawo suka yi wa Iowa 26-0 suka ɗauki kofin Big Ten na 3 a jere. Ranar 1 ga Janairun 2024 a Rose Bowl, wasan kusa da na ƙarshe na kofin ƙasa, suka haɗu da Alabama ta koci Nick Saban, sai da aka je ƙarin lokaci, Blake Corum ya ci, sannan a yunƙurin ƙarshe suka tare mai jefa ƙwallon Alabama, Jalen Milroe, saura 'yan taku ya shiga, 27-20. Ranar 8 ga Janairu a Houston suka doke Washington 34-13. Wasa 15, nasara 15. Rabon su da kofin ƙasa tun 1997, shi ma wancan raba shi suka yi da Nebraska. Kafin watan ya ƙare Harbaugh ya kama aiki da Los Angeles Chargers a NFL, Moore ya gaje shi.

Me Stalions ya yi

Stalions tsohon hafsan sojan Amurka ne, mai tsananin son Michigan tun yana yaro, ya yi shekaru yana musu aikin sa-kai kafin a ɗauke shi. Abin da kwamitin hukunci na NCAA ya tabbatar shi ne daga 2021 zuwa 2023 ya haɗa tawagar mutane, abokai da ƙananan ma'aikata da 'yan sa-kai, yana saya musu tikiti suna zuwa suna ɗaukar bencin ƙungiyoyin da Michigan za ta haɗu da su. Kwamitin ya ƙirga leƙe 56 a wasanni 52, kan ƙungiyoyi 13. A 2022 kaɗai ya kashe kusan dala 35,000 a tikiti. Har suna ya raɗa wa tawagar, KGB. Shi da kansa ma an same shi da ɓad da kama ya tsaya a gefen fili cikin kayan Central Michigan ranar da ta kara da Michigan State a farkon Satumban 2023.

Abin da ya ƙara dagula lamarin shi ne abin da aka yi bayan asiri ya tonu. Stalions ya ce ya jefa wayarsa cikin tafki. Moore ya goge saƙonni 52 da ke tsakaninsa da Stalions, duk da dai daga baya an dawo da su ya miƙa. Harbaugh, wanda har kullum yake cewa bai san da maganar ba, bai ba masu bincike haɗin kan da suka nema ba. Shi ya sa kwamitin ya rubuta cewa ba za a taɓa sanin ainihin girman abin da kuma yawan amfanin da ƙungiyar ta ci da shi ba, tunda an lalata wasu hujjoji an ɓoye wasu.

Abin da hukuncin ya ƙunsa

Mafi yawansa kuɗi ne. Dala 50,000, da kashi 10 cikin 100 na kasafin ƙungiyar ƙwallon, da duk rabon da jami'ar za ta samu daga wasannin ƙarshen kaka na 2025 da 2026, da wata tarar daidai da kashi 10 na kuɗin tallafin karatun 'yan wasa. An kuma sa su ƙarƙashin sa-ido na shekara 4 tare da rage musu damar zawarcin sababbin yara.

Sai takunkumin da aka sa wa ɗaiɗaikun mutane. Shi wannan ba ɗauri ba ne kuma ba tara ba ce, ma'anarsa duk jami'ar da ta ɗauki mutumin aiki a cikin wa'adin to ba zai taɓa harkar wasanni ba sai ta je ta gamsar da NCAA. Stalions shekara 8. Harbaugh shekara 10, kuma ba za ta fara aiki ba sai Agustan 2028 in ya gama wata ta shekara 4 da aka riga aka sa masa kan laifin zawarcin nan, kenan har 2038, lokacin yana da shekara 74. Moore shekara 2 da dakatarwar wasa 3, amma shi nasa takunkumin bai hana shi horarwa ba in ban da lokacin dakatarwar. Sai dai NCAA ba ta da iko a kan NFL ko kaɗan, don haka takunkumin Harbaugh bai hana shi zuwa aiki ko na kwana ɗaya ba.

To kofin fa

Abu na farko da zai ba mutum mamaki, NCAA ba ita ke ba da wannan kofin ba. Tana shirya gasar ƙwallon kwando da ta sauran wasanni, har da ta ƙananan rukunonin ƙwallon Amurka, amma a babban rukuni mai jami'o'i sama da 130 ba ta taɓa naɗa zakara ba. Shekaru da dama ƙuri'a ake yi, 'yan jarida suna da tasu ta kamfanin dillancin labarai na AP tun 1936, kociyoyi suna da tasu tun 1950, duk wanda ya zo na ɗaya a ƙarshen kaka shi ne zakara, in ƙuri'un biyu sun saɓa sai a samu zakaru 2, abin da ya faru kenan a 1997. Daga 1998 aka kawo tsarin BCS mai haɗa na ɗaya da na biyu su buga wasan ƙarshe, daga 2014 kuma aka koma gasar sili-ɗaya-ƙwale ta ƙungiya 4 da ake kira CFP, wadda rukunonin jami'o'in ne da kansu suke tafiyar da ita, kwamitin mutum 13 ke zaɓen waɗanda za su shiga. Kofin da Michigan ta ɗaga a Houston na CFP ne. Iyakar abin da NCAA za ta iya shi ne ta goge nasarori daga littafin tarihi, sannan masu kofin su yanke shawarar abin da za su yi.

Abu na biyu, shi kansa goge nasarorin yana da sharaɗi. A ƙa'idar NCAA ana yin sa ne in an sa ɗan wasan da bai cancanci buga wasa ba, misali wanda ya karɓi kuɗi ta haramtacciyar hanya ko aka yi masa cuwa-cuwar jarrabawa. A maganar Michigan ba a samu ɗan wasa ko ɗaya da ya rasa cancanta saboda leƙen ba, laifin na ma'aikata ne, don haka kwamitin ya ce wannan hukuncin ba ya cikin waɗanda yake da hurumin yankewa.

Abu na uku shi ne hana shiga gasar ƙarshen kaka, wanda a da shi ne babbar bulalar NCAA. Kwamitin bai ɓoye ba, ya ce laifin ya kai a hana Michigan fiye da shekara ɗaya, musamman da yake ba karon farko ba ne. Amma ya ce yin hakan zai faɗa ne kan yaran da ke makarantar yanzu, alhali waɗanda suka yi laifin sun tafi, sai ya mayar da shi kuɗi. Wannan ba da Michigan aka fara ba. Sabon kundin da NCAA ta amince da shi a 2022 ya ce a guji hukunta ɗaliban da ba su da hannu, kuma a Yulin 2023 haka aka yi wa Tennessee, tarar dala miliyan 8 a madadin hana ta gasa. Ita Tennessee an goge mata nasara 11, saboda nata laifin na ba 'yan wasa kuɗi ne.

Abin da ya faru da USC

Duk wanda ke cewa an yi son kai, USC, wato Jami'ar Kudancin California, yake kawowa misali. A kakar 2004 jami'ar ta ci duk wasanninta, ta yi wa Oklahoma 55-19 a wasan ƙarshe. A 2010 NCAA ta gano cewa tauraronsu Reggie Bush da iyalinsa sun karɓi kuɗi da alfarmar gidan zama daga wasu masu son zama dillalansa in ya shiga NFL. Aka goge nasara 14, aka hana su gasar ƙarshen kaka shekara 2, aka rage musu gurbin tallafin karatu 30, a 2011 BCS ta janye kofin ba tare da ta ba kowa ba. AP kuwa ta ce ita ba ta sake ƙuri'a, har gobe USC ce zakararta ta 2004. Bush ya mayar da kyautar Heisman ta gwarzon ɗan wasa da ya ci a 2005. Kocinsu Pete Carroll shi ma kafin hukuncin ya fito ya riga ya koma NFL, waɗanda suka sha wuya yara ne da suke sakandare lokacin da aka yi laifin.

In aka ajiye su gefe da gefe abin yana da ɗaure kai. Kuɗin da Bush ya karɓa bai ƙara wa USC ko yadi ɗaya a fili ba, amma an ƙwace kofi. Abin da Stalions ya yi kai tsaye ya shafi abin da ke faruwa a fili, amma kofi ya tsira. Dalili shi ne dokokin NCAA tun asali an gina su ne don kare ra'ayin cewa ɗalibi ba ya karɓar kuɗi, a nan suka fi kaifi. Yanzu kuma wannan ginin ya rushe. Tun Yulin 2021 aka yarda 'yan wasa su ci kuɗi da sunansu da hotonsu, a Afrilun 2024 aka mayar wa Bush kyautarsa, a Yunin 2025 kuma kotu ta amince da yarjejeniyar da ta ba kowace jami'a damar biyan 'yan wasanta kai tsaye har kusan dala miliyan 20.5 a shekarar farko.

Abin da kowane ɓangare ke cewa

Masu kare Michigan hujjarsu mafi ƙarfi ita ce jadawalin wasannin. Bayan an dakatar da Stalions, duniya ta san labari, kowace ƙungiya ta samu damar canza alamunta, Michigan ta buga wasa 8 ta cinye duka, kuma a cikinsu ne duk manyan suke, Penn State da Ohio State da Alabama da Washington, 3 daga ciki ma babu kocinsu. Shugaban NCAA Charlie Baker da kansa ya faɗa a Janairun 2024 cewa da guminsu suka ci kofin. Suna ƙarawa da cewa NFL ta ɗebi 'yan wasansu 13 a shekarar, alamar ƙungiyar tana da ƙarfi da gaske, sannan a 2024 da sabon koci da rediyo a hula sun sake doke Ohio State 13-10 a gidanta, a shekarar da Ohio State ɗin ta ɗauki kofin ƙasa. Jami'ar ta kuma yi ƙorafin cewa wasu ƙungiyoyin Big Ten sun riƙa musayar alamun Michigan a tsakaninsu, wanda dokar ba ta hana ba duk da sakamakon kusan ɗaya ne.

Ɗaya ɓangaren suna cewa ba a wasa 8 na ƙarshe za a tsaya ba. Leƙen ya fara ne a 2021, daidai shekarar da ƙungiyar ta farfaɗo, kuma nasarorin 2021 da 2022 su suka tsare wa Harbaugh kujerarsa, suka jawo sababbin yara, suka sa manyan 'yan wasa irin su Corum suka zauna maimakon su tafi NFL da wuri. A ganinsu ƙungiyar 2023 a kan wancan tushen aka gina ta. Suna kuma tambaya, in abin ba shi da amfani me ya sa mutum zai kashe dubban daloli shekara 3 yana yi, me ya sa za a jefa waya a ruwa? Sannan akwai maganar darasi, in jami'a mai kuɗi ta ga cewa farashin kofi tara ce kawai, to wata ma za ta iya lissafin ta ga ya biya.

Duka biyun akwai inda suka yi gaskiya akwai kuma inda suka zarce. Ba za a iya cewa leƙen ne ya ci Alabama ko Washington ba, babu hujjar hakan. Ba kuma za a iya cewa bai amfane su ba a shekarun baya, waɗanda za su iya tabbatar da hakan su suka lalata hujjar. Mai bin ƙwallon Ingila zai tuna da Marcelo Bielsa, kocin Leeds a 2019, lokacin da aka kama ɗan leƙensa a wajen atisayen Derby County, aka ci Leeds tarar fam 200,000 ba a cire mata maki ba, sai daga baya aka rubuta doka takamaimai. Can ma rigimar ɗaya ce, kowa ya yarda an yi ba daidai ba amma ba wanda ya iya auna nawa ne abin ya ƙara a sakamako.

Wa abin zai shafa

'Yan wasan 2023 ba abin da ya taɓa su a hukumance, zobensu na zakaru da tarihinsu suna nan, sai dai gorin da magoya bayan wasu makarantu za su daɗe suna yi musu. Yaran da ke ƙungiyar bayan hukuncin su ma sun tsira, za su iya shiga gasar ƙarshen kaka in sun cancanta, kuɗin ne dai makarantar ba za ta gani ba.

Tarar kuma daga asusun sashen wasanni na jami'ar za ta fita, kuma a irin waɗannan makarantu ƙwallon Amurka ce ke ɗaukar nauyin kusan duk sauran wasannin da ba sa kawo kuɗi, ninƙaya da kokawa da guje-guje da wasannin mata da dama. Ga shi ta zo daidai lokacin da aka fara biyan 'yan wasa miliyoyi a shekara. In aljihu ya matse, wuraren da aka saba dubawa su ne kuɗin tikiti, da gudummawar tsofaffin ɗalibai, da kasafin ƙananan wasannin nan, wato mutanen da ba su taɓa jin sunan Stalions ba kafin 2023.

Waɗanda ba su samu komai ba su ne 'yan wasa da kociyoyin ƙungiyoyi 13 da aka leƙa. A wannan wasan kaka gajeriya ce, wasa 12 kacal, faɗuwa ɗaya tana iya hana ƙungiya shiga gasa, tana iya sa a kori mataimakin koci ko darajar yaro ta faɗi a idon NFL, kuma hukuncin bai tanadi wata diyya gare su ba. Ko da ma an goge nasarorin Michigan, a tsarin NCAA ba a mayar wa wanda aka doke nasarar, wasan ne kawai yake zama babu mai shi.

Canjin da ya fi fitowa fili a wasan kansa ya riga hukuncin zuwa. A Afrilun 2024 NCAA ta amince da sa rediyo a hular ɗan wasa ɗaya daga kowane ɓangare a babban rukuni, ana gane shi da ɗigon kore a bayan hular, kuma ana katse layin in ya rage daƙiƙa 15 a tashi. Hakan ya rage dogaro da ishara amma bai kashe ta ba, don ƙungiyoyin da ke wasa da sauri ba tare da taruwa ba har yanzu sai sun yi wa sauran mutum 10 alama daga gefe. A kakar ce kuma aka faɗaɗa gasar CFP daga ƙungiya 4 zuwa 12, Michigan ta zama zakara ta ƙarshe a tsohon tsarin. Dokar 1994 ta hana zuwa leƙe kuwa tana nan ba a cire ta ba.